Kalmen da Aka Mayar wa Baba

Kwanakin nan zama ba ya karɓata. In na zauna a tabarma sai in ji kamar ana kirana a ƙofa, in na je ƙofa in tarar ba kowa sai babura da manyan motocin albasa da ke fitowa daga Aliero suna girgiza katangar gidan ɗana. Sai in koma ɗaki, jim kaɗan in sake fitowa. Surukata ta ce tsufa ne, in sha magani in kwanta. Tsufan yana nan, ya kama gwiwoyi, amma ba shi ya tayar da ni ba. Wani ɗan tungarmu ne ya zo gaisuwa ya ce an yi wa sabon Uban Tunga naɗi, da rawani da makaɗa da 'yan siyasa, kuma ba wanda ya tambayi magidanta ko suna sonsa. Ban gama haɗiye wannan ba, sai surukar tawa tana share ƙarƙashin gadona ta jawo wani tsohon kalme, 'yar fartanyar nan tamu ta mutanen yamma, ƙotarsa ta yi baƙi, bakinsa ya cinye, ta ce za ta ba masu sayen tsoffin ƙarafa. Na ce ta mayar da shi inda ta gan shi. Ta yi dariya ta ce, "Inna, mi za ki noma da shi cikin Jega, siminti?" Yarinyar kirki ce, bakinta ne dai ba shi da murfi. Ban ba ta amsa ba, don amsar doguwa ce, ita kuma kullum tana da tukunya a wuta.

A bakin gulbi aka haife ni, a wata 'yar tunga da ke can bayan Dangamaji. Abin da na fi tunawa da ita shi ne ƙara. Kafin ka buɗe ido za ka ji kukan jigo, itacen nan da ake ɗebo ruwa da shi ana zubawa a kwami, wato fangalin albasa, yana ta kuka kamar tsohuwar ƙofa. Sai sautin taɓarya daga gida zuwa gida, sai masunta suna buga gora a kan ruwa, sai jakai. Da damina kwaɗi ba sa barin mutum ya ji kiran uwarsa, kuma mu yara mun ji daɗin wannan uzuri ƙwarai. Aikinmu 'yan mata shi ne ɗebo ruwa, da korar tsuntsaye daga shinkafa, da tsinke lawashin albasa a daka a yi gabu. Hannunmu kullum warin albasa yake, har a ranar salla, mu dai ba ma ji sai mun shiga Jega an toshe mana hanci. Ruwa kuwa ba mu san ana tattalinsa ba. Yanzu ina kallon jikokina suna sayen ruwa a leda su tsotse su yar, sai in tuna mu a cikinsa muke wuni har fatar yatsunmu ta yi yaushi, Inna ta fito da tsumagiya ta koro mu.

Mu ba mu da gidan sarauta. Kakanninmu tarkace ne, wannan ya zo daga can, wancan daga can, fadama ta tara su, babu wanda zai ce wa wani ubana ya riga ubanka. Saboda haka suka yi wa kansu dabara. In an gama girbi an ɗaure gero, duk magidancin da ke da ƙorafi a kan shugaba yana iya cewa a ajiye kalme. Sai a taru a gindin tsamiya, waɗanda ake so su zauna a buzu, kowane magidanci ya zo da kalmensa ya ajiye a gaban wanda ya yarda da shi, ido na ganin ido. Wanda tarinsa ya fi shi ne Uban Tunga, sai a kai wa hakimi labari ya sa albarka. Amma ba a nan abin ya ƙare ba. Wanda ya ci ba zai zauna a buzun shugabanci ba sai ya mayar wa kowa kalmensa, da ƙafarsa, har ƙofar gida, hannu da hannu, ba aike. Kuma da na waɗanda suka ƙi shi zai fara. Babana yakan ce an yi haka ne don sabon shugaba ya fara cin abinci da kallon fuskar da ba ta sonsa, kafin masu yabo su lalata masa kunne. Ina yarinya na ɗauka wahala ce kawai tsofaffi suka ƙirƙiro don ba su da aikin yi bayan kaka.

Maigidana, Allah ya jiƙansa, ba zan faɗi sunansa ba, ban faɗa yana raye ba balle yanzu. Dogo ne siriri, mai sanyin magana. In ka tambaye shi ko za a yi ruwa, sai ya tsaya duban sama har ruwan ya sauko ya ɗauke kafin ya ce maka da alama. Ni kuwa Allah ya yi ni da gaggawa, saboda haka zamanmu kullum ni ina gaba ina faɗa, shi yana baya yana cewa to. Fataucin albasa yake yi da jakai zuwa Aliero da kasuwar Jega, ya saba da baƙi, kuma yana iya tsayawa gaban hakimi ya yi magana ba tsoro. Goyon fari nake yi aka ce a ajiye kalme, don tsohon Uban Tunga ido ya gaza. Mu mata ba ma zuwa gindin tsamiya, amma dangar gidan da ke kusa tana da ɓuli, kuma kowace mace ta san nata. Ta nan na ga Baba ya fara tashi, ya ajiye kalmensa a gaban surukinsa, wato maigidana, sannan Yayana, wanda nake bi, ya biyo shi. Kafin a jima tarin ya kai wa maigidana gwiwa. Na ji daɗi har na manta na bar tuwo a wuta. Ya dawo daga mayar da kalme da yamma ƙafa duk ƙura, na ce masa, "Yau sai mu ce ranka shi daɗe?" Ya ce, "Ce mani sannu dai, ƙahwata na ciwo."

Shugabancin bai kawo mana komai a gida ba sai baƙi da wankin kwanuka. Ba rawani, ba doki, sai buzu da sanda. In shanun Fulani sun shiga wake shi ne, in an yi faɗa a kan iyakar kwami shi ne, in ma'aikatan rigakafi sun zo mata sun ɓoye yara a rumbu, shi ne zai fara miƙa hannun ɗansa. Shi ya haɗa mutanenmu suka riƙa tara albasa a rudu ɗaya, wato rumfar ajiyarta, su jira ta yi daraja, maimakon kowa ya ruga kasuwa da tasa dillalai su yi masa wayo. Shi ya yi ta sintiri Jega har aka ba mu malamin da ke koya wa yara boko a rumfa. Yana da wata ɗabi'a da ke ba ni haushi: in mutum biyu sun kawo ƙara sai ya bar su su yi ta magana har su gaji, su fara jin yunwa, sannan ya ce a kawo fura. Sau da yawa kafin a ga gindin ƙwarya shari'ar ta mutu. Furar kuwa ni ke damawa. Shekaru suka yi ta wucewa ba wanda ya ce a ajiye kalme, har yara suka taso ba su taɓa gani ba.

Sai ya fara wata sabuwar ɗabi'a, ta zuwa bakin gaɓa ya tsaya. Kowa ya san gulbi yana cin gaɓa, tun kakanni yake ci, ya ci nan ya ajiye can. Amma shi ya ce cin ya sake. Ya ce ruwan ya juyo da ƙirjinsa wajenmu, yana rarake ƙasa ta ƙarƙashi, wata damina zai zo ba sallama. Ya yi ta zirga-zirga wajen hakimai har aka ba mu fili a kan tudu, can wajen Mungadi ta ƙasar Maiyama, tafiyar da in ka fita da sassafe sai rana ta take kafin ka kai. Ya tara mutane ya ce mu tashi. Ban taɓa jin tunga ta yi irin wannan hayaniya ba. Wasu suka ce fadama, wasu suka ce kifi, amma abin da ya fi tsaya wa kowa a maƙogwaro shi ne maƙabarta, wadda ke can sama da gari a cikin kurmi. Innarmu tana ciki. A ƙarshe aka bi shi, don an saba binsa kuma bai taɓa kai mu rami ba. Mutum ɗaya ne ya ƙi. Baba ya zauna a ƙofar bukkarsa ya ce wa maigidana, "Ni na aje maka kalme, ban aje maka ƙahwata ba. Ku tahi. Wani ya zamna da mutanen ga da ke kwance." Yaya ya yi roƙo, ya yi fushi, har ya faɗa masa maganar da ɗa bai kamata ya faɗa wa uba ba. Daga ranar suka daina ganin juna, kowa yana jiran ɗayan ya fara.

Tudu bai karɓe mu da fara'a ba. Ƙasa jigawa, sai sabara da ƙarangiya, ba jigo, ba kwaɗi, shiru har kunne ya yi ƙara. Rijiya tana can nesa a garin mutane, mu je mu yi layi a bayan matansu suna kallonmu a wulaƙance. Ni da na tashi ina wanka sau nawa na ga dama, na koma auna ruwa da ludayi. Maza da suka saba da albasa da shinkafa suka koma gero da wake, abin da ƙasar ta yarda ta ba su. Da gulbin ya zo ya share tsohuwar tunga a daminar farko, da kowa ya yi shiru ya gode. Sai ya ƙi. Damina ta zo ta wuce, wata ta zo ta wuce, bukkokinmu suna tsaye. Samarin da ke zuwa can da rani su kama kifi sukan dawo su ce gulbi ya kwanta kamar akuya, yaro ma yana tsallake shi. Ba mai leƙa maƙabarta, wa zai je neman kifi ya shiga kurmi? Baba kuma in sun gaishe shi sai ya amsa ya ci gaba da abin da yake yi. Aka fara kiran maigidana Mai Gudun Ruwa, yara suna rerawa a dandali. Ni ma ban raga masa ba, kuma har yau ban ce na yi ƙarya ba, don wuyana ne ke ɗaukar tulu. Wata rana na sauke tulun a gabansa na ce, "Ga gulbin naka na kawo maka, auna ka gani ko ya juyo da ƙirji." Ya dube ni ya ce, "Ki yi haƙuri. Shina zuwa." Na ce, "Kai da shi duk tahiyakku ɗaya, ba ku sauri."

Da aka gama wani girbi maras auki, Yaya ya ce a ajiye kalme. Maganarsa ɗaya ce, kuma ta shiga kowa: in aka ba shi, kafin ruwan fari kowa ya koma bakin gulbi, ga fadamarsa, ga iyayensa da aka bari kwance kamar ba su haifi kowa ba. Na san abin da wannan ke nufi a gidana. Maigidana ya daina cin abinci sosai. Ya ce mini shi ba buzun ne damuwarsa ba, su ɗauka, ya gaji da shi. Ya ce, "In sunka koma, da ɗiyansu za su koma. Ruwan ga ba shi zuwa da rana tsaka ya yi sallama." Na ce to ya tashi ya bi gida gida ya yi magana mana, kamar yadda Yaya ke yi. Ya ce ya riga ya faɗa, kuma maganar ba ta sake ba, in ya maimaita ta ba za ta ƙara zama gaskiya ba. Na rasa yadda zan yi da shi, na rasa yadda zan yi da kaina. Zuciyata tana son fadama, tana son ganin Baba kullum, kuma ba ta son a kunyata uban 'ya'yana a gaban jama'a. Haka na yi ta kai da kawowa a tsakar gida, kamar yadda nake yi yanzu.

A tudu ba tsamiya, a gindin wani gawo aka taru. Muka sami dangarmu muka yi mata ɓuli. Aka shimfiɗa buzu biyu, maigidana a ɗaya, Yaya a ɗaya. Na ga mutumin da maigidana ya raba da Fulani ya tashi ya ajiye wa Yaya. Na ga wanda ya sha furata ya fi a ƙirga ya ajiye wa Yaya. Ba mai duban maigidana, kowa ya ajiye sai ya koma yana kallon ƙasa. Gabansa fayau, ko tsinke babu, shi kuwa yana zaune da hannu a kan gwiwa kamar mai jiran a tayar da salla. Kunya ta kama ni. An kusa watsewa sai aka ga mutane suna buɗa hanya. Baba ne. Ya rame, ya ƙara duhu, ƙafafunsa sun yi fari da tafiya, yana sanye da wata tsohuwar taguwa shuɗiya da na san da ita yake zuwa gona. Na ji haushi, na ce a raina mutumin da ke da fararen riguna a adaka ya zo taro haka. Bai gaishe da kowa ba. Ya wuce ɗansa na cikinsa kamar bai gan shi ba, ya sunkuya ya ajiye kalmensa a gaban maigidana. Ya juya ya kama hanyar da ya fito, ko ruwa bai tsaya ya sha ba.

Yaya ya ci, wannan ba gardama, amma fuskarsa kamar an watsa masa toka. Wani ya ce a bi tsohon a miƙa masa abinsa tun bai yi nisa ba. Dattawa suka ce a'a, ba a hanya ake mayarwa ba, a ƙofar gida ne, kuma shi ne na farko tunda shi kaɗai ya ƙi. Duk sauran kalmen tunga suka kwana a gindin gawo suna jiran Yaya ya je bakin gulbi ya dawo. Washegari da sassafe na dama fura na ɗaura a ka na ce zan bi shi. Maigidana bai hana ni ba. Muka yi ta tafiya, Yaya a gaba da kalme a kafaɗa, yana ta huci. Sau ɗaya ya juyo ya ce, "Kin gani ko? Gaban mutane. Ni ɗanai." Na ce, "Kai ma ka san halinai, halinka na." Bai sake juyowa ba.

Tun daga nesa na ji warin laka, hawaye suka zo mini. Ga bukkokinmu sun rufta amma suna nan, ga tsamiya, ga gulbi can ƙasa yana tafiya a hankali kamar bai taɓa yi wa kowa laifi ba. Yaya ya nuna da baki ya ce, "Dubi abin da munka gudu mawa." Ba mu sami Baba a bukkarsa ta da ba. Ya yi wata sabuwa a kan ɗan tudun da ke bayan gari, inda muke shanya shinkafa. Yana zaune a ƙofa yana jiranmu. Yaya ya durƙusa, ya miƙa kalmen da hannu biyu kamar yadda ake yi, ya ce, "Baba, ga kalmenka. Ka ƙi ni, na kawo." Baba ya karɓa ya duba bakinsa, ya ce, "Madalla. Dama ina da aiki da shi. Tashi ka raka ni." Ya dube ni ya ce, "Ke ma taho, Uwata." Haka yake kirana, don sunan mahaifiyarsa gare ni.

Ya zagaya da mu bayan bukkar. A nan muka ga ƙananan kaburbura a jere, sababbi da waɗanda ciyawa ta fara rufewa, kowanne da fasasshen tulu a kansa. Gajeru ne, ba tsawon mutum ba. Ya riƙa nunawa da ƙotar kalme yana faɗin sunaye, wannan wane ne, wannan matar wane ce, wannan ban gane shi ba amma namu ne. Ya tsaya a kan wani ya ce, "Ga innakku." Yaya ya ce, "Inna tana cikin kurmi." Baba ya ce, "Mu tahi kurmin." Muka bi shi. Kurmin da na sani, wanda muke tsoron wucewa ta gefensa, rabinsa babu. Ƙasa ta yanke kamar an sa wuƙa, itatuwa sun kifa da saiwoyinsu a sama, kuma a jikin gaɓar, ƙasa da ƙafafunmu, ana ganin bakin ramuka. Ba zan faɗi abin da na gani a ciki ba. Daga sama inda muke tsaye ƙasar lafiya lau take, amma da Baba ya buga dunduniya sai muka ji ta amsa kamar ganga.

Ya ce kowace damina ruwan yana buɗe wasu, shi kuma yana bi da kalme da kwando yana kwashe abin da ya samu kafin gulbi ya tafi da shi, ya naɗe a farin ƙyalle ya kai tudu. A nan na gane inda fararen rigunansa suka tafi. Ya ce, "Ta nan yaf fara. Ya gama da matattu, rayayyu za shi. Ramin ga ya kai ƙarƙashin tsamiya, na sa gora na auna." Yaya ya zauna a ƙasa. Da ƙyar ya ce, "Baba, don mi ba ka aiko ba? Da mun zaka mun taya ka." Baba ya ce, "Da kun zaka da gayya, ku gyara cikin kwana biyu, ku ce to ga shi mun gyara, mu zamna. Kuma da na hwaɗi da baki gindin gawo, cewa za a yi surukina ya sa ni. Kai kuwa tun kana yaro ba a gaya maka wuta na da zahi, sai ka taɓa. Na rasa abin da za ya kawo ka nan da ƙahwakka, sai na tuna kalme." Sai ya juyo gare ni ya ce, "Wannan hurar ta sha ce ko ta kallo?" Muka zauna a bakin ramin muka sha, ina kuka ina miƙa ludayi.

Yaya ya dawo ya mayar wa kowa kalmensa, gida gida, kuma a kowace ƙofa ya faɗi abin da ya gani. Wasu suka ce ya ci amanarsu, wasu suka je suka duba da kansu. Ba wanda ya koma. Aikin farko da ya yi a kan buzu shi ne kiran gayyar haƙa rijiya, kuma wanda ya fara shiga ramin maigidana ne. Aka yi ta roƙon Baba ya taho, ya ce sai ya gama. Samari suka riƙa zuwa suna taya shi, ya gama ɗin kuwa, amma bai taho ba. Da rani ya rasu, aka sa shi a ƙarshen layin da ya jera da hannunsa. A damina ta biyu bayan rasuwarsa, gulbi ya ɗauke tsamiya da duk inda bukkokinmu suke, ya bar ɗan tudun nan kaɗai. Da labarin ya zo na dubi maigidana ina jira ya ce wani abu, ko da na faɗa muku ne. Yana gyaran igiyar jaki, ya ce, "Allah ya tsare," ya ci gaba. Na ji kamar in jefe shi da murfin tukunya.

Ba a sake ajiye masa kalme ba, shi ma bai nema ba. Yaya ya riƙe tunga har tsufa, kuma ya riƙe ta da kyau, sai dai in magana ta yi nauyi za ka gan shi da yamma a zaurenmu, shi da maigidana suna shan fura. Maigidana ya koma jakansa da albasar mutane, daga baya ƙafa ta hana. Sunan Mai Gudun Ruwa bai bar shi ba har ya mutu, yaran da aka haifa a tudu suna kiransa da shi ba su san mafarinsa ba, shi kuma yana amsawa. A duk zamanmu ban taɓa jin ya ambaci ranar da tarin kalme ya kai masa gwiwa ba. Amma da aka zo rabon kayan Baba, mutumin da bai taɓa roƙon kowa komai ba ya je wajen Yaya ya ce, in ba damuwa, a bar masa kalmen. A ƙarƙashin gadonsa ya ajiye shi. Da ciwon ajali ya kwantar da shi, yakan sauke hannu ya laluba ya ji ko yana nan.

Yanzu an ce tungar ta zama gari, da famfo da shaguna da masu cajin waya, kuma an sare gawon an yi wurin wankin babura. An ce sabon Uban Tunga yaron kirki ne, ban musa ba, ban san shi ba. Abin da na sani shi ne ba zai taɓa tafiya da ƙafarsa zuwa ƙofar wanda ba ya sonsa ba, don ba a ba kowa wurin da zai ce ba ya so ba. In akwai wani tsoho a can da ya ga abin da sauran ba su gani ba, ban san da me zai jawo shugaba ya zo ya duba ba.

Jiya da hantsi surukata ta tarar da ni a tsakar gida da kalmen a hannu. Ashe na ɗauko shi ban sani ba, ina ta zagaye da shi daga ƙofar ɗaki zuwa bakin zaure. Ta ce, "Inna, kawo in aje maki, ya yi maki nauyi." Na ce ta bar shi, ba nauyi gare shi ba. Ta ce to in ajiye mana in huta. Na tsaya ina dube-dube, ga buta, ga babur ɗin ɗana, ga igiyar shanya. Na ce mata, "Ɗiyata, ba a aje shi haka nan. Gaban mutum aka aje shi." Ta ce, "To gaban wa?" Har yanzu ban ba ta amsa ba, kuma ban zauna ba.